Ƙofar Zomo Shuɗi

Sariktash, ƙarshen kaka, shekarar Maciji

Zuwa ga Eshkul ɗan Boltaboy, a Karabulak.

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kai da mahaifiyarka da raƙumanka. Mu nan lafiya lau, sai tari da ya kama 'yata Mohira, shi ma ya yi sauƙi.

Na san za ka yi ta juya takardar nan kana tambaya wace ce kuma Sanobar. Kakarka Ulugoy da kakana Ergash uwa ɗaya uba ɗaya suke. Sau ɗaya na taɓa ganinka, a wani biki, kana ɗan shekara bakwai, ka cika hularka da busasshen inabi ka kifa a ka. Ni na gani, ni kuma na rufa maka asiri. Yau ranar ramawa ta zo.

An ce mini ka zama jagoran ayari a cikin Hazo, don haka ba sai na koya maka aikinka ba. Kwana uku yake sauka a mashigar dutsen da ke tsakaninmu, a farkon bazara. Ƙofa arba'in baya, arba'in gaba, kowace ƙofa shekara guda. Mijina Davlat ya shiga a shekarar Ɓera da ayarin masu sayo alkama daga shekarun yalwa. Ayari ya dawo, ban da shi da raƙumansa biyu. Sun ce a cikin Hazo ya ɓace musu. Shekara biyar ke nan. Mohira tana da tara ya tafi, yanzu ta kamo ni tsawo.

Watan jiya iska ta tsaga tsohuwar bishiyar bakin mashiga, wadda mu mata muke ɗaura wa ƙyalle kuna yi mana dariya. Can ƙasan kogonta, inda matafiya ke jefa wasiƙu, makiyaya suka tsinci wata takarda da ta faɗa cikin tsaga ta tsufa a nan. An naɗe ta da tsumma. Rubutun Davlat ne, ko a mafarki na san shi, kamar kaza ta yi tonon ƙasa. Ga abin da ya rubuta:

"Na fito a shekarar Zomo. Raƙuma sun faɗa rami, ƙafata ta karye. Zan ja jiki zuwa bukkar makiyaya ta gefen rafi. Guzurina na kwana goma ne, makiyaya ba su hau ba tukuna. Ku zo."

To, wane Zomon? Abin da ke ci mini rai ke nan da ku maza. Kun sassaƙa kan dabba da itace kun kafa a bakin mashiga duk sabuwar shekara, matafiyi ya leƙo ya ga Zomo, sai ya ce ya san inda yake. Dabbobin nan goma sha biyu ne kawai, suna ta zagayowa. Na ƙirga, Zomo huɗu ne a bayanmu cikin ƙofofin da ake iya kaiwa. A ɗaya daga ciki mijina yana kwance yana jira, kuma a wurinsa yau ne ya rubuta takardar.

Dattawan ayarin garinmu sun ce in yi haƙuri. Haƙurin na yi har ya ƙare. Kai jinina ne, ko da an surka shi da ruwa, shi ya sa na zo gare ka. Ka shiga mini a bazarar nan ka leƙa ƙofofin Zomo. A bazarar kuma layin gidanmu ne na ɗaura ƙyalle, zan hau da kaina in zauna a bakin mashiga har Hazo ya tashi.

Na ba mai alfadari wannan kafin dusar ƙanƙara ta rufe hanyar zagaye. Na haɗa maka da inabi, ka ci a fili wannan karon.

Yayarka,
Sanobar


Karabulak, tsakiyar bazara, shekarar Doki

Yaya Sanobar,

Ina gaishe ki gaisuwar girma, ina gaida Mohira. Inna tana gaishe ki, gwiwa ce dai ke damunta. Inabi ya iso, na gode, labarin hula kuma ya isa kunnen Inna, ta ce dama ta sani.

Yaya, Allah ya jiƙan Davlat, ya ba ku haƙuri. Na jima da alƙalami a hannu kafin in iya rubuta wannan, don kunyarki nake ji.

Na shiga kamar yadda kika ce. Rana ta farko na fito a Zomo, na je bukka, ba kowa. Kin san tafiyar rabin yini ce zuwa, rabin yini dawowa. Rana ta biyu na sake samun Zomo, nan ma ba kowa sai kashin tumaki. Gaskiyar magana, ban san ko ƙofa ɗaya na leƙa sau biyu ba. A cikin Hazo mutum ba ya ganin wuyan raƙuminsa, ƙofofin kuma duk kamarsu ɗaya: ga bishiya, ga dutse, ga turke. Rana ta uku na juyo, na yi ta lalube har na ga kan Doki a turke, na ce alhamdu lillahi, na zo gida, bari in gaya wa Yaya abin da ake ciki.

Ina fitowa na tarar da taro a maƙabartar matafiya da ke gindin dutse. Mutane kamar ranar kasuwa, har da madugai da manyan rawuna. Na tambayi wani wa ya rasu, ya ce Davlat na Sariktash, mijin Sanobar mai rini. Sai na gane wasu sun riga ni gano shi, amma ba da rai ba. Na hango mata can gefe a lulluɓe, na san kina ciki, na rasa da wane ido zan dube ki.

Ina tsaye kamar turke, sai wata tsohuwa ta ratso daga cikin matan da sandarta, ko sallama babu, ta kama kunnena ta murɗa. Wallahi har yau da zafi. Ta ja ni har gindin bishiya ta nuna mini sabon ƙyallen da ke sama, ta ce: "Buɗe idonka, ɗan Boltaboy. Wannan kore ne. Kore, ka ji? Ka rubuta mata, in ka manta sai na cire ɗaya kunnen." Ta sake ni ta koma cikin mata. Ban san ta ba, ban san inda ta san sunan Baba ba. Ina jin baƙin ciki ne ya taɓa ta. To, ga shi na rubuta, don ina son kunnena: ƙyallen kore ne.

Hazo ya fara tashi, na ruga ciki, na ci sa'a na haɗu da ayarin Norbek mai gishiri, na bi ƙararrawarsu har gefenmu. Ki yafe mini da ban tsaya ta'aziyya ba. Na gaza miki, kuma na sani.

Ƙanenki,
Eshkul


Sariktash, farkon zafi, shekarar Doki

Eshkul,

Muna lafiya, in wannan ake kira lafiya. Ka gaida Inna.

Ba mu binne kowa ba bana. Kwana uku na yi zaune a bakin mashiga da gurasa da tulun shayi, ba ka fito ba, ba gawa, ba taro. Ba Dokinmu ka gani ba, wani Dokin ne. Kai ma abin da ya ci Davlat ne ya ci ka.

Na yi lissafin da kowa zai yi. Daga Zomo zuwa Doki shekara uku. Ke nan makiyaya sun tsince shi, ya yi shekara uku a cikin mutanen da, da gurguwar ƙafa, yana faɗa musu sunana, sannan ya mutu suka binne shi. Wataƙila ina yarinya na sha wucewa ta kan kabarinsa ina tsinkar fure. Wannan tunanin ne ya fi kashe ni.

Na gaya wa Mohira. Ba ta yi kuka ba, ta shiga ɗakin saƙa ta rufe. Na shiga takaba jiya, na kife tukwanen rini. Ban ga laifinka ba, ka yi abin da za ka iya. Kada ka ƙara wahalar da kanka.

Sanobar


Sariktash, kwana tara bayan waccan

Eshkul, ɗan'uwana, mai kunnen albarka,

Lafiya lau muke, lafiya irin wadda na manta da ita. Ka yayyaga waccan wasiƙar ka ba akuya. Na tuɓe kayan takaba, maƙwabta suna cewa na haukace, su ta shafa.

Ka zauna ka karanta a hankali, don na san kanka da ƙidaya.

Shekaranjiya Mohira ta ɗauko takardarka tana sake karantawa, ta ce, "Inna, me ya sa kore? Ai bana ja muka ɗaura." Na ce mata ai wani Dokin ne. Ina rufe baki sai na ji kamar an watsa mini ruwan ƙanƙara.

Gidajen rini bakwai ne a Sariktash, kowane da launinsa, ba mai taɓa na wani. Tun kakannin kakanni, duk jajibirin Hazo gida ɗaya ke hawa ya ɗaura sabon ƙyalle a bishiya, bi da bi, ba a taɓa tsallakewa ba ko a shekarar annoba. Ja namu, sai kore, fari, shuɗi, rawaya, baƙi, ruwan goro, a dawo kan ja. Ku kuna da dabba goma sha biyu, mu muna da launi bakwai, taku biyar ne tsakanin turkenku da bishiyarmu, amma ba namijin da ya taɓa ɗaga kai ya duba, wai tsumman mata ne.

Na zube wake da tsakuwa a kan darduma, ni da Mohira, muka jera dabba da launi, dabba da launi. Sai da muka jera tamanin da huɗu kafin dabba ta sake haɗuwa da launin da ta fara da shi. Ƙofofinku duka, har da wadda mutum yake tsaye a kai, tamanin da ɗaya ne. Ka gane? Ba ƙofa biyu a cikin Hazo da suke da suna ɗaya. Sunan kowace yana rataye a bakinta tun fil azal.

Bana Doki Ja. Na bi Dawakan baya guda uku, babu kore a ciki. Doki Kore yana gabanmu, shekara talatin da shida. Eshkul, jana'izar tsoho ka gani! Davlat zai dawo gida, ya ci, ya sha, ya dame ni da minsharinsa shekara talatin da biyar, sannan ya mutu a garinsu madugai su ɗauke shi. Ban taɓa jin labarin mutuwa mai daɗin wannan ba. Na yi dariya har na yi kuka, Mohira ta riƙe ni tana nata.

Da na farfaɗo sai na tuna tsumman da ya naɗe takardarsa da shi. Na ajiye shi a akwati ina jin haushi, don a jikin bishiya ya yago shi, abin da ko yaro ya san ba a yi. Na fito da shi rana. Shuɗi ne, kuma bakinsa ɗaya bai sha rana ba, sabo ya yaga. Shuɗin gidan su Tojiniso ne, matar da muka shekara ashirin ba ma ga maciji da juna saboda ta ce jan gidanmu yana zuba. Na kai mata da ƙafata. Ta shinshina, ta ce saƙar kakarta ce. Dole in faɗa, ko da yana mini ɗaci: shekara talatin da tara a kogon bishiya, shuɗin nan bai kwanta ba.

Zomo Shuɗi. Cikin Zomon nan huɗu shi ne na can ƙarshe, shekara guda kafin a haife ni. Bana shi ne ƙofa ta talatin da tara. A bazara mai zuwa zai zama ta arba'in, ta bakin iyaka. In ta wuce, ya fita daga Hazo ke nan, guzurin Davlat kuma na kwana goma ne. Kada ka ce ai ka ga jana'izar, don haka komai zai yi kansa. Ku matafiya kuka ce abin da aka hango a gaba yana narkewa in mutane suka naɗe hannu.

Ga ɗamara na saƙa maka, gida tamanin da huɗu, kowane da dabbarsa da launinsa. Ka ɗaura a ƙugu. Duk ƙofar da ka leƙa, dubi turke, dubi bishiya, nemi gidanta a ɗamara, za ka san ko gaba za ka yi ko baya, da ƙofa nawa. Kada ka je bukka sai ka ga Zomo da shuɗi tare.

Yayarka,
Sanobar


Karabulak, farkon kaka, shekarar Doki

Yaya Sanobar,

Gaisuwa da fatan alheri. Inna ta ji sauƙin gwiwa, ni ne dai ba ni da daɗi.

Takardarki ta iso, wadda kika ce kin shiga takaba. Na karanta sau ɗaya, ban iya sake buɗe ta ba. Jagoran da bai san shekarar da yake tsaye a ciki ba, har ya yi wa mace ta'aziyyar mijin da ya mutu tun tana goyo, me ya rage masa? Kin ce kada in ƙara wahalar da kaina, na ji. Na gaya wa Madugu Yodgor, shugaban jagororinmu, na bar aikin Hazo. Akwai wani kawuna a ƙasar kwari mai gonar kankana, yana neman hannu. Zan sayar da raƙuma a kasuwar ƙarshen kaka in gangara kafin sanyi.

In kin sake rubutu wataƙila ba zai same ni ba. Ki riƙa sa ni a addu'a.

Eshkul


Karabulak, ranar da dusar ƙanƙara ta fara sauka

Yaya,

Lafiya muke, gaisuwar a taƙaice, don mai kai wannan mafarauci ne kuma yana tsaye a kaina yana buga ƙafa.

Wasiƙarki ta ƙarshe wata huɗu ta yi a hanya. Mai alfadarin ya tsaya a wani ƙauye ya yi aure, ya manta da jakar mutane a rataye. A kasuwa ya same ni, igiyar raƙumata a hannun mai saye, mutumin yana duba mata haƙora. Na karanta a tsaye. Na fisge igiyar, na ce ba ta sayarwa ba ce. Ya zage ni ya zagi kakata, wadda kakarki ce ke ma ta wani gefen, na ce na gode.

Na kai wa Madugu Yodgor ɗamarar a gaban jagorori suna shan shayi. Ya juya ta, ya ce kyakkyawa ce, za ta yi kyau a wuyan ɗan maraƙi. Ya ce shekara hamsin yana shiga Hazo bai taɓa tambayar tsumma hanya ba. Na ce, "Ranka ya daɗe, sau nawa ka ɓata?" Kowa ya san ya taɓa fitowa a shekarar Kare da ba tasa ba, ya gangara gida ya tarar ana bikin auren iyayensa, ya shekara yana kiwon awakin kakansa kafin Hazo ya dawo. Ya dai ce ba zai ba ni ko mutum ɗaya ba.

Zan shiga ni kaɗai da raƙuma biyu, ɗaya da shimfiɗa don mai karaya. Abu guda ke damuna: shuɗi da kore da baƙi, in gari ya yi duhu, duk ɗaya nake ganinsu. Inna ta shimfiɗa mini tsummoki a tsakar gida tana yi mini jarrabawa kullum da muciya a hannu. Ki jira a bakin mashiga.

Eshkul


Karabulak, Tunkiya Kore, kwana biyar bayan Hazo

Yaya Sanobar,

Ina gaisuwa, ina gaida maigida, Allah ya sa ƙafa ta ɗinke daidai. Dubi yadda na rubuta shekara a sama, ki ga ɗalibinki.

Ba mu samu magana ba rannan, Hazo yana tashi, ke kuma ba ki ma san ina wurin ba. Bari in ba ki labari.

Yaya, kamar an kunna fitila a ɗaki. Ƙofar farko da na leƙa na ga Biri, na ga rawaya, na duba ɗamara: goma sha ɗaya baya. Na ci gaba. Na sake leƙawa, Zomo. A da da tuni na kama hanyar bukka na kashe yini guda. Na ɗaga kai, kore ne. Na yi masa sallama na wuce. Sau ɗaya na karkace na koma gaba ban sani ba, ɗamara ta kama ni tun ban yi nisa ba. Can ƙarshe Hazo ya yi siriri, iska tana ja kamar bakin rijiya, raƙuma suna turjewa. Na leƙa ƙofar da babu wata bayanta. Zomo a turke, a bishiya kuma shuɗi sabo ƙal, an yage masa gefe ɗaya.

Na same shi a bukka ya ɗaure ƙafa da sanda biyu, yana tsotsar dunƙulen busasshen nono. Ya dube ni ya ce, "Kai, kun yi sauri. Jiya fa na jefa takardar." Na ce masa eh, mun yi sauri. Ban gaya masa shekara bakwai ba sai da na ɗora shi a raƙumi na ɗaure, don kada ya faɗo. Da ya ji, tambayar da ya fara yi ita ce ko kin yi aure. Na ce da wa, wa zai iya?

A hanyar dawowa muka ji ƙararrawa da muryoyi ana gardama. Ayarin Madugu Yodgor ne, raƙumi sittin da alkama, sun fito a Tunkiya har uku sun kasa yarda wacce ce tasu, rana ta uku kuma ta yi nisa. Madugu ya ga Davlat a kan raƙumi, ya ga ɗamara. Ya yi tari, ya gyara rawani, ya ce wai in wuce gaba, idonsa ne ke ciwo yau. Na kai Davlat ƙofarku, sannan na ja su har gefenmu, ba wanda ya rasa ko akuya.

Sai dai gefenmu ba bishiya, sai da na riƙa tsallakawa gefenku ina dubawa. Jiya dattawa suka zauna, suka ce a dasa ɗaya a nan, a roƙi gidajen Sariktash su riƙa aiko ƙyalle. Madugu yana son ɗamara ashirin. Ya ce in tambaye ki cikin ladabi.

Ƙanenki,
Eshkul


Sariktash, Tunkiya Kore, lokacin furen rumman

Eshkul ƙanena,

Gaisuwa da godiya wadda takarda ba za ta ɗauka ba. Ka gaida Inna, ka ce muciyarta ta yi aiki. Muna lafiya, mu uku. Na rubuta "mu uku" na tsaya ina kallonsa.

Ƙafa tana ɗinkewa. Yana zaune a tsakar gida yana bin Mohira da ido, ya kasa sabawa. Ya sayo mata 'yar tsana a wancan zamanin, tana cikin rigarsa duk wahalar nan. Budurwa 'yar sha shida ta karɓa ta rungume, ranar ce ta yi kukan da ta ƙi yi bara. Ni kuwa ya tafi ya girme ni da shekara biyar, ya dawo na girme shi da biyu. Na ce daga yau shi zai fara gaishe ni da safe. Yana yi, yana gunaguni.

Ka gaya wa Madugu zai samu ɗamararsa, amma shi zai zo karɓa da ƙafarsa, ya sha shayi a gidan Tojiniso, ya faɗi launuka bakwai a jere a gaban mata. Ni da ita muke saƙar tare yanzu. Har yanzu tana cewa jan gidanmu yana zuba.

Saura magana ɗaya. Ka ce ba ka san tsohuwar da ta murɗe maka kunne ba. Kai dai Allah ya shirye ka. Wace mace ce a Sariktash ta san sunan babanka in ba ni ba? Na zauna na yi tunaninta sosai. Ranar da za ta binne mijinta ce, tana da shekara saba'in da huɗu, amma ta bar gawa ta zo ta tsaya tana gadin wani jagora mai raƙumi, don ta san in bai dubi ƙyallen nan ba, shekara talatin da biyar ɗin da ta ci da mijin ba za su samu ba.

Na san ranar, na san shekarar, na sa mata ƙulli a ɗamarata. Ban gaya wa Davlat ba, kai ma kada ka gaya masa. Ba na tsoronta. Mata da yawa ba su san ko gobe za ta same su da nasu ba, ni an ba ni talatin da biyar a hannu, kuma zan ci su ɗaya bayan ɗaya ba gaggawa.

Ka zo da kaka, inabi ya yi kyau bana, ka taho da babbar hula. Kunnen kuma ka yi haƙuri tun yanzu. Na hagu ne ko na dama? Ka rubuto mini, kada in kama wanda ba shi ba.

Yayarka,
Sanobar